Baƙon Kujerar Baya

Shafi na 14

Masu cewa Litiana ta gudu ta bar ku a tsakiyar hanya, ban gudu ba. Ruwa aka yi ta shekawa a ɓangarenmu na tsibirin, sabis ya ɗauke ɗif. Ga shi nan. Ku karanta a hankali.

*

Ina zuge ƙofar motar a bakin otal na gan shi.

Kujerar baya, jikin taga, baƙar jakarsa a kan cinya.

Mista Kolin.

Na gaishe da sauran baƙin da fara'ar aiki, wasu tsofaffi mata da miji daga Niyu Zilan, da wasu ango da amarya 'yan Japan da ko sakin hannun juna ba sa yi. Na zagaya na zauna kusa da direba.

"Ka ga mutuminka ya dawo," na ce da Waisake da yarenmu.

Waisake ɗan kawuna ne, Momo Inoke, mai garin Naikoso. Taubashina ne ke nan, babu abin da ba ma faɗa wa juna.

"Mutumina ko naki?" ya ce yana tayar da mota. "Ni dai ba don kyawun tuƙina yake bin mu ba."

"Allah ya kiyashe ni."

"Wallahi in aurenki ya zo nema, ni zan karɓi gaisuwar. In haɗa masa da ke da wannan akwalar motar, kyauta. Ya je ya ji da ku, ku biyun duk ƙara gare ku."

Na kai masa duka a kafaɗa. Ina ɗagowa idona ya faɗa madubin gaba.

Gefen bakin Mista Kolin ya motsa.

Kaɗan ne. Ya yi maza ya kau da kai wajen taga.



Mutumin da ya ce min shi ɗan Birisben ta Ostareliya ne, bai taɓa taka Fiji ba sai bana, ko gaisuwarmu sai da na koya masa. Me ya ba shi dariya?

Kun dai san yawon namu. Ƙauye, cin abinci, hawan dutsen Delaikoso a kalli teku, a dawo otal kafin rana ta faɗi. Baƙo sau ɗaya yake yi, ya ɗau hotunansa ya tafi. Wannan kuwa ba zuwansa na farko ba ne, ba kuma na biyu ba. Ba ya ɗaukar hoton rawa. Ba ya sayen tabarma. Fuskokin tsofaffi kawai yake bi da kallo.

Ga kuma kashedin Momo Inoke da ke min yawo a kunne tun ranar Lahadi bayan an taso daga coci:

"Masu otal ba sa zuwa da kansu, ɗiyata. Mai leƙen asiri suke fara turowa. Ranar da na gane mai auna ƙasa kike kawo mana, ranar motarku ta gama shiga garin nan."

In motar ta daina shiga Naikoso, ba ni kaɗai zan ji a jikina ba. Matan garin kaf da tabarminsu da girkinsu, da ita suka dogara.

*

A bakin gari na sa kowa ya cire hula ya ɗaura zane. Muka tuɓe takalma muka shiga ɗakin taro.

Momo Inoke na zaune a can ƙuryar ɗakin, mazaunin manya, ya harɗe ƙafa. Na miƙa damin saiwar yangona, wadda ake damawa a sha a taron al'ada, a madadin baƙi, ya ɗora hannu a kai ya sa albarka. Aka dama a babban akushi, aka fara zagayawa da ƙoƙon kwakwa.

Tsohon Niyu Zilan ya tafa kamar mai kashe sauro, ya kurɓa ya yamutsa fuska. Aka yi dariya.

Ƙoƙo ya iso kan Mista Kolin.

Ya dunƙule tafukansa ya buga. Bum. Irin tafin nan mai zurfi da dattawa ke yi. Ya shanye a tashi ɗaya, ya sunkuyar da kai.



Momo Inoke bai kalle shi ba. Ni ya kalla.

"Ke kika koya masa?"

"Ya sha gani ne, Momo. Ya saba zuwa."

"Ai na lura ya saba zuwa."

 

Da muka fito na kai su rumfar masu saƙa. Nana, mahaifiyata, na zaune a tsakiyar mata da ganyen saƙa a cinyarta. Kwanan nan ta dawo daga Suva, babban birni, wajen yayata da ta haihu, don haka ba ta taɓa haɗuwa da mutumin ba.

Tana cikin nuna wa amaryar Japan yadda ake tsaga ganye, ta ɗaga kai.

Mista Kolin na tsaye a bakin rumfar, hannu ɗaya a ƙugu, ya ɗan karkata kai gefe.

Wuƙar ta suɓuce daga hannun Nana.

"Nana, lafiya?"

"Wane ne wancan?"

"Baƙo ne. Daga Ostareliya."

"Ɗan wa?"

"Ina zan san ɗan wa ne? Baƙo na ce miki."

Ta ɗauki wuƙar. Sau biyu tana kai ta jikin ganyen tana kuskurewa. Matar da ke saƙa ido a rufe.

A nan na yanke shawara, yau sai na san ko wane ne.

*

An shimfiɗa abinci a inuwar bishiyar mangwaro. Gwaza da rogo gashin rami, kifi a madarar kwakwa. Ya ɗebi nasa ya koma can gefe shi kaɗai, kamar kullum.

Na ɗauki butar ruwa na bi ta bayansa. Ban kalle shi ba. Na yi ƙasa da murya, na faɗa da yarenmu, da irin karin da mutanen Naikoso kaɗai ke yi:

"Shanshani a ƙafarka."

Ya yi zumbur ya miƙe! Faranti ya kife, miya ta wanke masa zane, yana ta karkaɗe ƙafa.

Babu komai a ƙafar.

Ya tsaya cak. Ya ɗago ya dube ni.

"Biyo ni," na ce.

Bayan coci na ja shi, inda tankin ruwa ya kare mu.

"Wane ne kai?"

"Litiana, ki tsaya ki ji..." da Turanci.

"Kar ka sake min Turanci! Ka ji shanshani, za ka ji saura. Wa ya turo ka? Masu otal?"

 Da ya buɗe baki, yarenmu ne ya fito. Yana da nauyi a harshensa, kamar na wanda ya koya a cikin ɗaki daga bakin mutum ɗaya. Amma karin Naikoso ne tsantsa, har da kalmomin da tun mutuwar kakata ban sake ji ba.

"Ba ruwana da otal."

"To ƙasa ka zo aunawa?"

"A'a."

"Ɗan sanda ne kai?"

"Malamin makaranta ne ni."

"Malamin makaranta mai ƙarya! Ka zaunar da ni ina koya maka gaisuwa kamar wata sakarya, ashe dariya kake min a ciki."

"Ban taɓa miki dariya ba."

"Ɗazu a mota fa?"

"Wannan Waisake na yi wa. Bakinsa ba dama."

"Kar ka kama sunansa kamar ka san shi. Sunanka ma Kolin ne kuwa?"

"Shi ne a takarda."

"A gida fa?"

Ya waiga hagu, ya waiga dama.

"Ba a nan ba. In mun hau dutse."

"A nan za ka faɗa, ko in ƙwala ihu samarin garin nan su tambaye ka da kansu."

"In kika yi ihu, ba ni kaɗai zan shiga uku ba." Ya rage murya. "Matar nan da wuƙa ta faɗi a hannunta. Ita ce Merewai?"



Ba wanda ke kiran Nana da sunanta a garin nan. Baƙo bai da inda zai ji shi.

"Ita nake jira tun zuwana na farko," ya ce. "Ki bari mu hau dutse. Na roƙe ki."

Ya wuce ya bar ni a tsaye.

Ina fitowa na yi kiciɓis da Waisake, ya jingina da bangon coci yana sakace.

"Har an fara zance a bayan tanki?"

"Miya ya zubar, na nuna masa ruwa."

"Uhm. Da wane yare kika nuna masa?"

"Waisake, ka fita idona."

Ya yi dariya, amma dariyar ba ta kai idonsa ba.

*

Muna shirin tashi na hango Momo Inoke ya yafito ɗansa. Ya kama kafaɗarsa ya yi masa magana a kunne. Waisake na gyaɗa kai.

Sai ga Nana da kwandonta.

"Ku rage min hanya zuwa kan dutse. Ganyen saƙa zan yanko."

Na zuba mata ido.

Tunda nake a duniya ban taɓa ganin Nana ta hau Delaikoso ba. Ko sunan wurin ba ta son ji.

"Nei," in ji Waisake, haka yake kiran goggonsa, "ganye ai ga shi nan birjik a bayan gidanki."

"Na can ya fi laushi."

"Da wannan gwiwar taki?"

"Gwiwarka ce? Buɗe min ƙofa."

Muka kama hanya. Tsohuwar Niyu Zilan ce kawai ke ta santin kifin da ta ci.

A saman Delaikoso iska na kaɗawa, teku shimfiɗe a ƙasa, igiyar ruwa na farfashewa a kan duwatsu. Na tara baƙin a gaban farin dutsen tunawa. Bakina ya kama aikinsa da kansa, don abin da nake faɗa ke nan kullum.

"Wannan dutse na babban kawuna ne, Sakiusa. Shi dattawa suka zaɓa ya gaji sarautar Naikoso. Ina goye a lokacin. Ya fita su da ƙaninsa Inoke, hadari ya taso musu a can, daidai inda ruwan ya yi duhu. Ƙanin ya yi iya yinsa bai iya ceto shi ba. Ba a ga gawar ba. Shi ne ya kafa wannan dutse, duk shekara yana hawowa ya yi kuka..."



Mista Kolin ba tekun yake kallo ba. Sunan da ke jikin dutsen yake shafawa da yatsa.

Na tura sauran baƙin can ɗaya gefen su ɗauki hoto. Waisake ya ce bari ya sauka mota ya faso musu kwakwa.

Muka rage mu uku.

Nana ta ajiye kwandon. Ko kallon ganye ba ta yi ba.

"Juyo in gan ka," ta ce.

Ya juyo. Ya durƙusa a gabanta har ƙasa, ya tafa a hankali.

"Nei."

"Kai!" na daka masa tsawa. "Wa ce ce goggonka?"

"Yi shiru, Litiana," in ji Nana. Idonta na kansa. "Kowa ma zai iya cewa Nei. Me aka ba ka ka kawo min?"

"Ya ce in gaya miki, har yau in hadari ya haɗu ƙafar na yi masa ciwo. Daidai inda kika ɗaure da gefen zanenki."

Nana ta dafe dutsen. Ta zame a hankali ta zauna a gindinsa.

"Wa ya ce?" Na kalli wannan, na kalli wancan. "Wa ke ciwon ƙafa? Ku yi min magana mana!"

"Sunana Tevita," ya ce. "Mutumin da kike ba da labarinsa kullum, ubana ne. Ni kuma bayan an kafa dutsen nan aka haife ni."

Na yi dariya. Wallahi dariya na yi, don ban san me zan yi ba.

"Ƙarya kake. Matacce ba ya haihuwa. An turo ka ne. Wani ya ba ka labari ka haddace, ku zo ku raba kan gari ku saye dutsen nan a banza. Nana, gaya masa! Gaya masa teku ta ci Momo Sakiusa!"

Nana ba ta ɗago ba.

"Nana?"

"Teku ba ta ci shi ba."

 Na tsuguna.

"Babu wani hadari ranar," ta ce. Muryarta a bushe, kamar ta wata. "Sama tas take. Ina can ƙasa a gindin dutsen nan ina tsintar kaguwa, na baro ki wajen kakarki. Na hango su a kwale-kwale suna musu. Ba na jin me suke cewa, amma na san a kan sarauta ne, garin duka ya sani. Sai na ga Yaya Inoke ya miƙe."

"Nana, daina."

"Ya ɗaga filafilin tuƙi."

"Na ce ki daina!"

"Ya sauke masa a ka. Ya faɗa ruwa. Yaya Inoke ya tsaya yana leƙe, yana leƙe. Da bai ga ya taso ba, ya juya kwale-kwale."

Can nesa amaryar Japan ta ƙyalƙyale da dariya, iska ta kwaso mana.

"Ruwa ne ya turo min shi kan duwatsu. Kai a fashe, ƙafa a karye. Na ja shi cikin kogo. Ina kai masa abinci a ƙasan kwando, a gari kuwa ana zaman makokinsa, ni ma ina ciki ina kuka. Da ya iya takawa, na roƙi wani mai jirgin busasshiyar kwakwa ya fitar da shi."

"Kika yi shiru? Duk shekarun nan?"

"In ce me? Garin ya rabe biyu a ɗauko adduna? Nono ɗaya muka sha mu uku. In na tona, in rasa ɗaya a kurkuku ko a kabari. In na rufe, duka biyun suna numfashi. Shi kansa Yaya Sakiusa cewa ya yi ba zai yi sarautar da za a wanke da jinin ƙaninsa ba."

"Ke kika koya min labarin nan!" Hawaye ya ɓalle min. "Ranar da na samu aikin nan, ke kika zaunar da ni kina gyara min inda na yi kuskure. Kullum ina tsaye a nan ina sa baƙi kuka da ƙarya!"

"Ƙaryar ce ta rufa mana asiri."

"Momo Inoke fa? Ya san yana raye?"

"Bai sani ba. Shi a wurinsa ya kashe shi." Ta juya kan Tevita, fuskarta ta sauya. "Kuma haka muka yi da ubanka. Muddin Inoke na da rai, ba shi ba waiwayo tsibirin nan, ba shi ba aike. Me ya kawo ka?"

"Yana asibiti, Nei."

Ta runtse ido.

"Likitoci sun ce mu kai shi gida. Ya ce shi gidansa ɗaya ne." Ya sunkuyar da kai. "Ya ce ba ya son sarauta, ba ya son ƙasa, ba ya son kowa ya ba shi haƙuri. Rami kawai yake so, kusa da na mahaifiyarsa. Ni kuwa ban yarda da kowa ba, shi ya sa na ɓoye kaina. Na ce sai na gan ki tukuna."

"Ramin nan sai mai gari ya ba da izini," in ji Nana a hankali.

"Na sani."

"Ka san me kake nema kuwa? In je in ce wa Inoke wanda ka kashe yana gaishe ka?"

"Nei, lokaci ne babu."

"Wa ya san ka zo? Ka gaya wa wani a otal?"

"Babu kowa. Ku biyu ne kawai."

"To ka tashi. Ka share fuskarka, ka koma Kolin ɗinka. Litiana, ke ma goge idonki. Kafin yaron can ya dawo..."

Ƙwas.

Kwakwa ce ta faɗo, ta gangaro ta tsaya a jikin kwandon Nana.

Muka juya gaba ɗaya.

Waisake na tsaye a bayan dutsen tunawa. Adda a hannun dama. Babu alamar wasa a fuskarsa, ban taɓa ganinta haka ba. Idanunsa sun kaɗa sun yi jajir.

"Tun yaushe kake nan?" na ce.

Bai kalle ni ba.

"Nei," ya ce. "Ubana kike nufi? Ubana da ke hawowa nan yana kuka?"

"Waisake, ɗana, ajiye addar mu yi magana."

"Cewa ya yi in sa ido a kan mai auna ƙasa. Cewa ya yi duk inda baƙon ya keɓe da wani, in kira shi ya ji da kunnensa." Ya girgiza kai. "Ni na ɗauka maganar otal za a yi."

Sai a lokacin na lura da hannunsa na hagu.

Waya ce. Fuskarta a kunne.

Ya ɗago ta a hankali, kamar ta fi ƙarfinsa.

"Tata," ya ce, haka yake kiran ubansa. "Ka ji?"

Daga wayar sai hucin numfashi.

Sannan muryar Momo Inoke ta fito, a natse, irin wadda yake sa wa baƙi albarka da ita.

"Zare makullin motar ka sa a aljihu. Kada kowa ya sauko daga dutsen nan. Ga ni nan hawowa."